Wai ɗana yaƙi ya je

Shekara 11 ke nan ana zaftare min kuɗin inshorar lafiya daga albashin da ba ya kai mu tsakiyar wata. A ce maka magani ya ƙare, ka tsallaka titi ka saya a kemis, duk na haɗiye. Amma abin da aka yi min ranar Talata a nan Daura ya tsaya min a maƙogwaro.

Makonni uku da suka wuce ɗana ɗan shekara 14 ya shiga ɗakin ajiya yana yi wa wakenmu feshin fiya-fiya, ya ja ƙofa ya rufe saboda kaji. Muka tsince shi yana amai, yawu na dalala, ƙwayar idonsa ta tsuke kamar tsinin allura. Likitan, Allah ya saka masa da alheri, ya dinga yi masa allurar atirofin har ya dawo hayyacinsa. Kwana huɗu aka sallame mu. Sai ga waya wai in kawo naira 62,000, inshora ta ƙi biya.

Na isa tagar masu fayil. Yaron da ke wurin, wanda na tabbata na haife shi, ƙwallo yake kallo a waya. Sallama uku na yi kafin ya ɗago, shi ma don an tafi hutun rabin lokaci ne.

"Baba, yaronka raunin yaƙi gare shi. Inshora ba ta biyan raunin yaƙi."

"Wane yaƙi kuma, samari?"

Ya murɗo min fuskar kwamfuta da ɗan yatsa ɗaya, kamar mai ture kashin kaza. Y36.7.

Nan take na kira wani tsohon ɗalibina da ke irin wannan aiki a Katsina. Ya yi salati. Kowace cuta da kowane rauni suna da lamba a kundin Hukumar Lafiya ta Duniya, ICD-10, kuma Y36.7 ta wanda aka jefa wa makami mai guba a fagen daga ce. Irin mutanen garin Halabja na Iraƙi da Saddam ya yi wa ruwan guba a 1988, irin na Guta a Siriya a 2013. Wanda maganin ƙwari ya buge bisa tsautsayi X48 ake rubuta masa, gubar kanta kuma T60.0. Wato ɗana, da ko gwafa bai iya harbawa ba, an sa shi layi ɗaya da mutanen Halabja saboda buhu uku na wake.

Na maimaita wa yaron lambobin a hankali, yadda nake yi wa 'yan aji uku.

"Ai guba na nema, ita ce ta fara fitowa."

Ita ce ta fara fitowa! Da ta mai naƙuda ce ta fara fitowa, da yanzu muna shirin suna. Gaskiya ɗaya dai, fiya-fiya da sarin, iskar gubar da ake yaƙi da ita, dangi ne. Jamusawa ma maganin ƙwari suke nema a 1938 suka yi tuntuɓe da sarin, kuma atirofin ɗin nan ake ba wanda ɗayansu ya kama. To sai me? Don kyanwa 'yar ɗakin damisa ce, in ta yakushe ka sai a rubuta damisa?

"To gyara mana, ɗana."

"An riga an tura. Sai oga ya sa hannu, oga kuma yana kwas a Kaduna."

"Yaushe zai dawo?"

Ya ɗaga kafaɗa, ya mayar da ido kan waya. "Baba, matsa gefe, akwai mutane a bayanka. Da ka kula da ɗanka ai da ba a zo nan ba."

A gaban mata da yara ya faɗa min haka. Wata tsohuwa ce ta ce, "Malam, yi haƙuri." Haƙurin nan dai da ya zama abincinmu.

Ba ma yaron nake jin haushi sosai ba. Wa ya ɗora shi kan kujerar? Ɗan wane ne, an kawo takardarsa daga sama, an ajiye masa kwamfuta ba a koya masa komai ba. A 2022 aka sa hannu kan dokar da ta wajabta wa kowane ɗan Najeriya inshorar lafiya, aka yi ta tafi. Yanka dole ne, biya kuwa sai an ga dama. Su kansu masu dokar ciwon kai ke kai su Landan.

Kuma ku dubi rainin hankali. A Batsari, a Jibiya, a Faskari, mutane na kwana a daji, ana kawo su asibiti da harsashi a cinya. A Ƙanƙara an kwashe ɗalibai sama da 300 a dare ɗaya a 2020. Duk wannan ba yaƙi ba ne a bakin hukuma, "'yan matsalolin tsaro" ne da ake dab da shawo kansu. Yaƙi ɗaya tak da takardarsu ta yarda an yi shi ne na ɗakin ajiyata, tsakanin ɗana da ƙwarin wake.

An ce in dawo Litinin ta sama da takardar koke kwafi uku. Na riga na sa akuyar uwargida a kasuwa.