Wai guba da rashin iska suna kashe kowace ƙwayar halitta?

Jiya a majalisarmu a Samaru wani yake cewa duk inda babu iska, ko aka zuba guba, babu abin da zai rayu. Na fahimce shi, ai mu da yawancin dabbobi haka muke, minti kaɗan ba iskar oksijin sai gawa. Amma gaskiya maganar tana damuna don ba haka take ba.

Akwai bakteriya da oksijin ɗin ma ita ce ke kashe su. Leƙa baƙin taɓon da ke ƙasan kwata a Sabon Gari, ka tona da kara, warin ruɓaɓɓen ƙwai zai buge ka. Wannan warin aikinsu ne, a can ƙasa inda iska ba ta shiga suna amfani da sinadarin salfet a madadin oksijin, sai su fitar da wannan iskar mai wari. Wasu ma da asenik suke numfashi, gubar da ke kashe mutum. Akwai kuma wata bakteriya mai suna Dehalococcoides da aka bayyana a 1997, tana cinye wani sinadari mai guba da ake wankin kaya na dirai-kilin da shi, idan ya malala a ruwan ƙarƙashin ƙasa, shi ya sa a Amurka ake zuba ta da gangan don tsabtace gurɓataccen ruwa.