Yadda makaman fasa tanka suka raba manyan tankokin yaƙi da aikinsu

Tun da yaƙin Rasha da Yukren ya ɓarke a watan Fabrairun 2022, hotunan tankokin da suka ƙone ƙurmus suka cika intanet, masu sharhi kuma suka rabu gida biyu. Wasu sun ce zamanin tankar yaƙi ya wuce, wasu kuma sun ce an sha yi mata irin wannan jana'iza tana tashi. A ganina dukkansu suna auna lamarin da yawan tankokin da aka fasa, alhali ma'aunin da ya fi faɗin gaskiya shi ne aikin da tankar ta daina iya yi saboda tsoron makaman da aka tanada dominta. Tarihin manyan tankoki masu kaurin sulke a Yaƙin Duniya na Biyu ya isa shaida a kan haka.

Lokacin da Jamus ta fito da tankar Tiger a shekarar 1942, nauyinta ya kai tan 57, kaurin sulken gabanta milimita 100, kuma tana ɗauke da igwa mai faɗin baki milimita 88 wadda ke iya fasa tankokin abokan gaba tun daga nesa, kafin nasu harsashin ya iya yi mata komai. An ƙera ta ne domin aiki guda, wato ta shiga gaba, ta shanye wutar da masu tsaro za su buɗe, ta fasa layinsu, sannan ƙananan tankoki da sojojin ƙasa su kwarara ta kafar da ta buɗe. Saboda haka aka tara su a bataliyoyi na musamman, kowace da tankoki 45, ana tura su duk inda ake son a yi ɓaraka. Sai dai tun a watan Janairun 1943 dakarun Tarayyar Sobiyet suka kama guda a kusa da Leningrad, suka kai ta filin gwaji, suka yi ta harbinta da igwa iri-iri har suka gane wacce ke huda ta, daga wane nisa, kuma ta wane gefe.

A yaƙin Kursk, a yammacin Rasha, aka ga amfanin wannan bincike. Kafin Jamusawa su fara farmaki ranar 5 ga Yulin 1943, 'yan Sobiyet sun shafe watanni suna haƙa ramuka, suna binne dubban ɗaruruwan nakiyoyi, suna kuma jera igwoyinsu rukuni-rukuni a ƙarƙashin kwamanda guda, ta yadda igwa da yawa za su haɗu a kan tanka ɗaya a lokaci guda. Mafi yawan waɗannan igwoyi ba su da ƙarfin huda gaban Tiger, kuma masu harba su sun san haka, shi ya sa aka koya musu su yi haƙuri har tankar ta matso ko ta ba su gefe, su nufi sarƙar da take tafiya a kai, ko bakin igwarta, ko tagogin da matuƙi ke leƙe. An shimfiɗa filayen nakiyoyin ne ta hanyar da duk tankar da ta kauce musu za ta bi ta gaban igwoyin da aka ɓoye.

Abin da ya faru da Ferdinand, wata babbar motar igwa ta Jamus mai nauyin tan 65 da sulken gaba milimita 200, wadda aka kai kimanin 90 fagen dagar, ya fi kowane misali fayyace lamarin. Da wuya harsashi ya huda gabanta, amma a kewayen ƙauyen Ponyri nakiyoyi suka tsinke wa da yawa daga cikinsu sarƙa, ruwan harsasan igwa ya raba su da sojojin ƙasan da ke biye da su, ga shi kuma ba a sa musu bindiga mai sarrafa kanta da za su kori mutumin da ya rarrafo kusa ba. Nakiyar da mutum ɗaya zai iya ɗauka a hannu ba ta da buƙatar fasa sulke. Idan ta tsinke sarƙa, ƙarfen tan 60 ya zama gini a tsakiyar fili. Janyo Tiger guda da ta lalace yakan ci manyan motocin ja har uku, kuma ana yin aikin ne da dare ko a ƙarƙashin wuta. Muddin runduna na ci gaba, makanikai za su iya gyara ta ta koma fagen daga bayan 'yan kwanaki, amma da zarar an fara ja da baya, sai dai ma'aikatanta su fasa ta da hannunsu don kada ta faɗa hannun abokan gaba. Kaso mai yawa na manyan tankokin da Jamus ta rasa daga nan zuwa ƙarshen yaƙin ta wannan hanya suka tafi. Mai ƙidayar tankokin da harsashi ya huda ba zai sa su a lissafi ba, amma kwamandan da ya wayi gari da rabin bataliyarsa ya san abin da ya cinye su.

Cikin ƙasa da mako biyu aka dakatar da farmakin Kursk, daga nan kuma aikin Tiger ya sauya. Ta koma mai kai ɗauki, ana loda ta a jirgin ƙasa daga wannan ɓangare zuwa wancan domin toshe inda layin Jamusawa ya fashe. Dole a yi mata adalci, domin a wannan aiki ta yi ɓarna ƙwarai, musamman idan ta laɓe a bakin daji ko bayan tudu tana harbi daga nisan kilomita ɗaya ko biyu. To amma wannan aikin igwar kwanton ɓauna ne, wanda motar da ba ta kai ta tsada ba za ta iya yi. Tankar da aka kashe dukiya don ta fasa layi ta ƙare tana tsaron layi.

A Nomandi, a arewacin Faransa, ma haka abin ya kasance. Ana yawan ba da labarin yadda Michael Wittmann, wani kwamandan tankar Tiger, ya tarwatsa jerin motocin yaƙin Birtaniya a Villers-Bocage ranar 13 ga Yunin 1944, amma ba kasafai ake ƙarasa labarin ba: da ya kutsa cikin garin ba tare da sojojin ƙasa ba, ƙaramar igwa mai baki milimita 57 ce ta tsayar da tankarsa, ya fice da ƙafa, kuma da rana wasu Tiger ɗin da suka shiga titunan garin suka halaka. Turawan Ingila sun riga sun ɗora igwarsu mai ƙarfi, wadda suke kira 17-pounder, a kan tankar Sherman ƙirar Amurka, abin da ya ba matsakaiciyar tanka damar huda gaban Tiger. Ranar 8 ga Agusta Wittmann ya jagoranci wasu Tiger ɗin a buɗaɗɗen fili, aka buɗe musu wuta daga gefe, shi da ma'aikatan tankarsa suka mutu nan take.

Amsar da Jamus ta bayar ita ce ƙara ƙarfe. Tiger ta biyu ta doshi tan 70, da sulken gaba milimita 150, amma injinta irin na wadda ta gabace ta ne, sai nauyin ya riƙa cin injin da giya. A farmakin Ardennes na Disambar 1944, rundunar kwamandan Jamus Joachim Peiper ta bar waɗannan ƙattai a bayan jerin gwano, domin ƙananan hanyoyin Beljiyam masu lanƙwasa da gadojinta ba za su ɗauke su da sauri ba. Injiniyoyin sojan Amurka suka fasa gadoji a gabansu, mai ya ƙare, aka watsar da su a La Gleize, inda guda take ajiye har yau. Wannan ma tasirin makaman fasa tanka ne, ko da yake ta bayan gida ya zo, domin tsoron igwa ne ya sa aka ƙara sulke, sulken ya kawo nauyi, nauyin kuma ya rage hanyoyi da gadojin da tankar za ta iya bi. Ga kuma batun yawa. Jamus ta ƙera Tiger ta farko kimanin 1,350, ta biyun kuma ba ta kai 500 ba, alhali Amurka ta fitar da Sherman kusan 49,000, 'yan Sobiyet kuma T-34 fiye da 50,000. Sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi.

Jamusawan da kansu ne kuma suka yaɗa makamin da ya ƙarasa rusa lissafin. Panzerfaust bututu ne da ake harbawa sau ɗaya a jefar, kansa na ɗauke da abin fashewa da aka tsara ya tattara ƙarfinsa wuri guda, ya tura siririn ƙarfe da matsanancin gudu ya huda sulke mai kaurin kusan milimita 200. Tun da ƙarfin hudawar ba ya dogara da gudun harsashi, ba a buƙatar doguwar igwa mai nauyi. Na farko ba ya wuce mita 30, daga baya aka yi mai kaiwa 60 da 100, kuma an ƙera miliyoyi. A titunan Balin a watan Afrilun 1945, babbar tankar Sobiyet IS-2 mai tan 46 da igwa milimita 122 ba ta isa ta shiga gaba ita kaɗai ba, domin yaro ko tsoho da ya laɓe a tagar ɗakin ƙasa zai iya ƙona ta. Sai sojojin ƙasa suka riƙa shiga gaba suna share gidaje hagu da dama, tankar na bin su daga baya tana rusa inda suka nuna mata, wasu ma'aikatan kuma suka liƙa ragar waya a jikin tankokinsu. Wadda aka ƙera don ta kare mutane, ga mutane suna kare ta.

Bayan yaƙin, jinsin babbar tanka bai daɗe ba. Shugaban Sobiyet Nikita Khrushchev, wanda ya yi imani da makamai masu linzami, ya sa aka daina ƙirƙiro sababbin manyan tankoki a Tarayyar Sobiyet a farkon shekarun 1960. Birtaniya ta ajiye Conqueror a 1966, Amurka ta ajiye M103 a shekarun 1970, injiniyoyin Jamus ta Yamma da na Faransa kuma suka ƙera Leopard 1 da AMX-30 da sulke marar kauri sosai, bisa hujjar cewa tun da ba a iya tare harsashin, gara a samu saurin kauce masa.

Masu kare tanka suna da hujja mai ƙarfi, kuma yaƙin Oktoban 1973 ne suka fi kafawa. Gaskiya ne sojojin ƙasa na Masar da suka tsallaka mashigin Suwez da makamin Malyutka, wanda ake sarrafawa da igiyar waya har nisan kilomita uku, da kuma rokar kafaɗa RPG-7, sun yi wa tankokin Isra'ila mummunar ɓarna a kwanakin farko, harin ramuwar da Isra'ila ta kai ranar 8 ga wata kuma ya watse. Gaskiya ne kuma cewa cikin kwanaki kaɗan aka gano lagon makamin: yana ɗaukar kusan rabin minti kafin ya kai iyakar nisansa, mai harbin kuma dole ya tsaya yana bin sa da ido, saboda haka idan aka buɗe masa wuta ko tankar ta riƙa kauce-kauce, sai ya kuskure. Daga baya tankokin Isra'ila suka tsallaka mashigin zuwa yamma. Sai dai a duba abin da aka biya kafin a kai ga haka, wato igwoyi da sojojin ƙasa da hayaƙin ɓoyewa, duk domin a share wa tankar hanya. Hujjar ta tabbatar da cewa tanka na da amfani idan an raka ta, wanda shi ne ainihin abin da nake faɗa.

Inda ba a raka ta ba, maƙwabtanmu na Cadi sun nuna abin da ke biyo baya. A garin Fada da ke arewacin Cadi, ranar 2 ga Janairun 1987, dakarun Cadi ƙarƙashin Hassan Djamous, a cikin motocin Toyota da aka ɗora wa makamin MILAN da Faransa ta ba su, sun kewaye sansanin sojojin Libiya da gudu daga ɓangarori daban-daban, suka lalata gomman tankokin T-55 da asarar da ba ta taka kara ta karya ba a nasu ɓangaren. T-55 ba ta cikin jinsin manyan tankoki, amma a wannan sahara tana cikin mafi kaurin sulke, kuma zamanta a wuri guda ba tare da masu leƙen asiri ba ya mai da ita abin harbi kawai.

Abin da ya sa wannan tsohon tarihi ya dawo shi ne tankokin yau sun koma nauyin Tiger ta biyu. Abrams ta Amurka da Challenger ta Birtaniya da sababbin Leopard 2 duk sun haura tan 60, mafi yawan sulken kuma a gaba yake. Makamin Javelin da NLAW ta sama suke bugu, inda ƙarfen ya fi siranta, ƙananan jirage marasa matuƙi kuma suna neman ƙofar sama ko bayan injin. A watan Yunin 2023, kusa da ƙauyen Mala Tokmachka a kudancin Yukren, motocin yaƙin Yukren, ciki har da Leopard 2, sun maƙale a filin nakiyoyi suka sha wuta, kusan kamar yadda aka yi a Kursk shekara 80 kafin nan. Sojojin Rasha kuma sun riƙa yi wa tankokinsu rumfar ƙarfe, har ta kai wasu sun lulluɓe su da ƙarfe gaba ɗaya, ta yadda kan tankar ba ya iya juyawa sosai, matuƙin ma da ƙyar yake gani.

Akwai na'urori irin su Trophy ta Isra'ila, wadda ke kakkaɓo makami kafin ya taɓa tanka, kuma ta yi aiki a fagen daga tun 2011. Suna ƙara tsada da nauyi, kuma ba sa hana nakiya tsinke sarƙa. Duk ma'aikatar tsaron da ke shirin sayen tanka mai tan 60 ya kamata 'yan majalisa su tambaye ta motocin share nakiya nawa ta saka a kasafin, manyan motocin ja nawa, na'urorin toshe siginar jirage marasa matuƙi nawa, kuma gadoji nawa ne a yankin da za a yi yaƙin za su iya ɗaukar wannan nauyi.