Wa Muke Rufa wa Asiri?

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Maganata ta yau da 'yan'uwana maza nake yi, musamman iyaye da malamai da masu unguwanni na nan Bauchi da kewaye, kodayake na san iyayenmu mata da ƙannenmu za su karanta, kuma sun fi ni sanin abin da zan faɗa.

Shekarun baya, wani dare bayan sallar isha'i, wata maƙwabciyarmu ta yi sallama a gidana ta ce wa maiɗakina tana son ganina. Na fito na same ta durƙushe a tsakar gida, 'yarta na raɓe a bayanta, yarinyar da ba ta wuce shekara 11 ba, wadda kullum da la'asar nake ganin ta da farantin dafaffiyar gyaɗa a ka. Wani magidanci mai shago ne ya kira ta ciki da sunan zai saye gyaɗar duka, ya tura ƙofa. Uwar ba ta iya ƙarasa bayani ba, sai ta kwance wata baƙar leda ta nuna wa maiɗakina zanen yarinyar. Abin da har yau bai bar idona ba shi ne hannun yarinyar nan: ta dunƙule kuɗin gyaɗar a tafinta ta ƙi saki, domin duk da abin da ya same ta, tsoronta shi ne kada a ce ta ɓatar da kuɗin talla.

Washegari aka zauna a zauren wani dattijo. Aka kira mutumin, ya sunkuyar da kai ya ce sharrin Shaiɗan ne. Manya suka ce a rufa asiri, mutum ne mai iyali, kuma idan maganar ta fita yarinyar ce za ta rasa miji. Aka yanka masa kuɗin magani, aka shafa fatiha, kowa ya kama gabansa. Ina cikin zauren nan, kuma na ɗaga hannu na shafa tare da su. Ba a yi wata uku ba iyayen yarinyar suka tashi daga unguwar saboda nuni da baki da ake yi musu, shi kuwa shagonsa bai rufe ko na yini ɗaya ba. Ina roƙon Allah Ya gafarta mini shirun da na yi a ranar.

Tun daga lokacin nake tambayar kaina, wa muka rufa wa asiri a zauren nan? Ba yarinyar ba ce, domin kafin azahar duk unguwa ta san sunanta. Wanda muka lulluɓe shi ne azzalumi, muka kuma bar masa ƙofa a buɗe ga 'yar tallan da za ta biyo baya. Gaskiya ne Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce wanda ya suturta Musulmi Allah zai suturta shi duniya da lahira, amma malamai sun yi bayani cewa wannan suturar ta mutumin da ya yi tuntuɓe ce, wanda ba a san shi da cutar da bayin Allah ba. Wanda ɓoye laifinsa zai ƙara masa ƙarfin gwiwar cutar da wasu, kai ƙararsa shi ne abin da ya dace. Allah Maɗaukaki Ya ce a Suratun Nisa'i, aya ta 148, ba Ya son bayyana mummunar magana sai ga wanda aka zalunta. Ke nan wadda aka zalunta, Ubangijinta Ya ba ta izinin ta ɗaga murya. Mu da wane iko muke toshe mata baki?

Kada wani ya ɗauka wannan cuta ta unguwarmu ce kawai, ko ta talakawa, ko ta wata ƙabila. A shekarar 2021 Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar da ƙiyasin cewa kusan mace ɗaya cikin kowace uku a duniya, wato kimanin mata miliyan 736, ta taɓa fuskantar duka ko cin zarafi ta hanyar lalata a rayuwarta, kuma mafi yawan wannan ta'asa daga hannun miji ko wanda take tare da shi take fitowa. Hukumomin Majalisar Ɗinkin Duniya sun ƙiyasta cewa a shekarar 2023 kaɗai mata da 'yan mata kusan 51,100 ne mazajensu ko danginsu suka kashe, wato wajen mace 140 kowace rana. A birnin Delhi na Indiya, a Disamban 2012, wasu maza sun yi wa wata ɗaliba fyaɗe a cikin motar bas suka jefar da ita a titi, ta rasu bayan kwanaki. A Ruwanda a 1994, da Bosniya a yaƙin shekarun 1990, da gabashin Kwango inda likita Denis Mukwege ya shafe shekaru yana ɗinke matan da mayaƙa suka yi wa kaca-kaca, an mai da jikin mace fagen yaƙi. Mu ma ba labari aka ba mu ba: 'yan mata 276 aka kwashe daga makarantar Chibok a Afrilun 2014, aka sake kwashe 110 a Dapchi ta jihar Yobe, maƙwabciyarmu, a Fabrairun 2018. Abin da ya fi ciwo, da yawa cikin matan da Allah Ya kuɓutar daga daji sun dawo sun tarar ana kiran su matan Boko Haram, ana ƙyamar jariran da suke goye da su, kamar su suka zaɓi a sace su.

Akwai masu jin an ambaci haƙƙin mata sai su ɗaure fuska su ce aƙidar Turawa ce ake son cusa mana. Majalisar Ɗinkin Duniya sai a 1999 ta ware ranar 25 ga Nuwamba don yaƙi da cin zarafin mata. Mu kuwa tun a Makka aka saukar mana da Suratut Takwir, inda Allah Ya ce ranar alƙiyama za a tambayi jaririyar da aka binne da rai da wane laifi aka kashe ta. Ku lura, ita za a tambaya, a gaban wanda ya binne ta, domin a ranar ita ce mai magana. Yarinyar da muka binne maganarta a zaure, ita ma tana da ranar da za a tambaye ta, kuma duk wanda ya zauna a zauren zai ji amsarta.

Fiƙihun da muke karantawa a zaurukanmu bai bar wannan mas'ala cikin duhu ba. A zamanin Sayyidina Umar, Allah Ya yarda da shi, wani bawa ya tilasta wa wata baiwa, Umar ya yi masa bulala ya kore shi daga gari, ita kuwa bai taɓa ta ba domin tilasta mata aka yi. Imamu Malik, wanda mazhabarsa muke bi, ya tafi a kan cewa wadda aka yi wa fyaɗe babu uƙuba a kanta, haddi yana kan wanda ya aikata, sannan ya biya ta sadaki. Dubi inda shari'a ta ajiye kunya da hukunci, sannan ka dubi inda muka mai da su. Yau tambayar farko da ake yi ita ce me ya kai ta can, wane irin kaya ta sa, me ya fitar da ita a wannan lokaci. Yarinya 'yar shekara 11 da farantin gyaɗa, wane kaya ta sa? Tsohuwar da aka haura wa katanga cikin dare, ina ta je?

Sannan akwai cin zarafin da muka saba da shi har muka daina ganin sa laifi. Yarinya za ta taso daga Islamiyya da hijabinta har ƙasa, ta wuce ta gaban majalisar samari, wannan ya yi fito, wancan ya siffanta jikinta da ƙarfi, sauran su bushe da dariya, manyan da ke shan shayi a gefe ba wanda zai tanka. A cunkoson kasuwar Wunti ko ta Muda Lawal, ko a cikin Keke Napep, wani zai goga jikinsa da gangan ya yi kamar bai sani ba. Ɗaliba za ta je neman sakamakon jarrabawa a ce sai ta zo ita kaɗai da yamma. Bazawara za ta je neman taimakon kuɗin makarantar marayunta a gindaya mata sharaɗin da bakina ba zai iya faɗa ba. Ga kuma sabon salo na waya, inda saurayi zai riƙe hoton yarinya yana yi mata barazanar watsa shi a WhatsApp ko Facebook idan ta ƙi biya masa buƙata, wasu kuma su yi ta turawa junansu suna cewa a ga abin da duniya ta zama, alhali mai turawa abokin tarayya ne a zunubin.

Annabi, tsira da aminci su tabbata a gare shi, ya gargaɗi sahabbai game da zaman bakin hanya, da suka ce ba su da makawa sai ya ce to su ba hanya haƙƙinta: runtse ido, kame cuta, amsa sallama, umarni da kyakkyawa da hani da mummuna. Duk majalisar da ba ta cika waɗannan ba, masu zamanta su sake tunani. A hajjin bankwana kuma, lokacin da wata mata daga ƙabilar Khas'am ta zo tambaya game da yi wa mahaifinta tsoho aikin hajji, Fadlu ɗan Abbas da ke goye a bayan Annabi ya tsura mata ido, sai Annabi ya juya fuskar Fadlu zuwa wancan gefe. Fuskar namijin ya juya. Haka a Suratun Nur, umarnin runtse ido ga maza ya fara sauka a aya ta 30, kafin na mata a aya ta 31. Muna yawan wa'azi a kan suturar mata, kuma wa'azi ne na gaskiya, amma sau nawa aka hau mumbari aka yi huɗuba guda cur a kan idon namiji da hannunsa da harshensa?

Cikin gida kuwa, nan ne ɓarnar ta fi yawa kuma nan ne shirun ya fi kauri. Mace za ta zo gidan iyayenta da kumburarren ido, uwa ta gasa mata da ruwan zafi, uba ya ce ta koma ɗakinta, aure ibada ne, ta yi haƙuri kamar yadda uwarta ta yi. Haƙuri abu ne mai girma a wurin Allah, amma a kan talauci da rashin lafiya da bambancin hali ake yin sa tare, ba a ce mutum ɗaya ya riƙa karya ƙashi ɗaya kuma ya riƙa haƙuri ba. Masu fakewa da aya ta 34 ta Suratun Nisa'i don su halatta wa kansu jibgar mace da wayar wuta ko taɓarya, su gaya mana wa ya fi Annabi fahimtar Alƙur'ani. Uwar Muminai A'isha ta ce bai taɓa dukan mace ko mai hidima da hannunsa ba. Da mata da yawa suka kewaye gidajen iyalansa suna ƙarar mazajensu, cewa ya yi waɗannan mazan ba su ne zaɓaɓɓunku ba. Da Fatima 'yar Ƙais ta nemi shawararsa a kan masu neman aurenta, ya gaya mata cewa Abu Jahm ba ya sauke sandarsa daga kafaɗa, ya nuna mata Usama. Wato sanin namiji da dukan mata dalili ne na a hana shi aure, mu kuwa mukan ɓoye wa dangin amarya cewa duka ne ya kori matarsa ta fari. A Arfa, a gaban dubban mahajjata, ya ce mu ji tsoron Allah game da mata, domin da amanar Allah muka karɓe su. Kuma a mazhabar Malikiyya, matar da ta tabbatar wa alƙali cewa mijinta yana cutar da ita tana da haƙƙin a raba auren. Iyaye su san wannan kafin su mai da 'yarsu inda wata rana gawarta za a kawo musu.

Ya kai uba, idan 'yarka ta zo maka da magana irin wannan, abu na farko ka saurare ta, kada ka daka mata tsawa, domin yawancin yara ba sa faɗa saboda tsoron dukan gida ya fi musu tsoron wanda ya cuce su. Khaula 'yar Sa'alaba ta kawo kukan mijinta, Allah Ya ji ta daga saman sammai bakwai Ya saukar da farkon Suratul Mujadala a kanta, ba girmanka ba ne ka ƙi jin wadda ka haifa. Idan fyaɗe ne, a garzaya da ita asibiti a ranar, domin maganin kariya daga cutar ƙanjamau cikin awa 72 ake fara shan sa, kuma gwargwadon saurin zuwa gwargwadon amfaninsa. Kada a wanke kayan da ke jikinta, a adana su, domin shaida ce. Sannan a kai rahoto ga 'yan sanda. Ƙasar nan tana da dokar hana cin zarafin mutane tun 2015, jihar Bauchi ta amince da tata a 2020, shekarar da gwamnonin Najeriya suka ayyana dokar ta-ɓaci a kan fyaɗe. Amma alƙali ba ya yanke hukunci a kan ƙarar da aka kashe a zaure, kuma shari'u da yawa suna rushewa ne saboda dangi sun karɓi kuɗi sun janye, ko shaidu sun ƙi zuwa kotu don gudun ɓacin ran maƙwabci.

Ku kuma malamaina limamai da masu unguwanni, ina roƙon ku don Allah, idan aka kawo muku irin wannan ƙara kada ku mai da ita zaman sulhu kamar rikicin iyakar gona. Ku tashi da kanku ku raka uwar yarinyar asibiti da ofishin 'yan sanda, domin talaka shi kaɗai ba a cika sauraron sa ba, amma idan aka gan shi da liman a gefe magana takan canza. Mutumin da na ba ku labarinsa, bayan shekara biyu an sake kama shi da wata yarinyar, ita ma 'yar talla, kuma ba ta kai ta farkon shekaru ba.