C. B. Fry da tsadar wasan da ba a biya

A shekarar 1894, ɗalibi guda ne ke riƙe da ragamar wasanni uku a Jami'ar Oxford ta Ingila: shi ne kyaftin ɗin kurket (wasan da ake dukan ƙwallo da faffaɗar sanda), shi ne kyaftin ɗin ƙwallon ƙafa, shi ne kuma shugaban 'yan guje-guje da tsalle-tsalle. Sunansa Charles Burgess Fry, amma an fi saninsa da C. B. Fry. Shekara ɗaya kafin nan ya yi dogon tsalle na mita 7.17, ya kamo bajintar duniya da wani Ba'amurke ya kafa. Har yau, idan Turawan Ingila za su buga misali da ɗan wasan da ya yi komai don sha'awa kawai, ba a biya shi ko sisi ba, sunan Fry na cikin waɗanda ke fara zuwa bakinsu. Ni kuwa a ganina, zamansa a jami'a ya fi tona asirin wancan tsari fiye da yadda ya ƙawata shi.

Sai mun fara sanin yadda tsarin yake. A Ingila ta wancan zamani 'yan kurket kashi biyu ne. Akwai 'yan gata, yawancinsu sun fito daga makarantun kwana masu tsada sun wuce Oxford ko Cambridge, suna wasa ba albashi. Akwai kuma 'ya'yan talakawa da wasan ne abincinsu. Ƙungiya ɗaya suke bugawa, amma kowane kashi da ɗakinsa na sauya kaya, a wasu filayen ma kowane kashi da ƙofar da yake bi ya shiga fili. Ko a takardar da ake rubuta sakamakon wasa akwai bambanci: ɗan gata ana sa haruffan sunansa a gaba, C. B. Fry, shi kuwa mai karɓar albashi sai a rubuta sunan gidansu tsura, ko a jefa haruffan a baya. Kyaftin kuwa kusan kullum daga 'yan gata yake fitowa, ko da akwai wanda ya fi shi sanin wasan a cikin masu albashi. Tun daga 1806 ake shirya karawa tsakanin ɓangarorin biyu, ba a daina ba sai a 1962.

Matsalar Fry ita ce an sa shi a sahun 'yan gata alhali aljihunsa bai kai ba. An haife shi a Croydon a 1872, ya yi makarantar Repton, kuma da tallafin karatu ya shiga Kwalejin Wadham a 1891, saboda kaifin ƙwaƙwalwarsa a Latin da Girkanci. Cikin abokan zamansa a kwalejin akwai F. E. Smith da John Simon, waɗanda daga baya kowannensu ya riƙe kujerar shugaban ɓangaren shari'a na Birtaniya. Da irin waɗannan mutane yake gogayya a aji, kuma ba a bayansu yake ba.

To amma zama tauraro a Oxford yana cin kuɗi. Akwai tufafin da ake tsammanin ganinsa da su, akwai kuɗin ƙungiyoyi, akwai liyafa, akwai tafiye-tafiyen wasa. Ɗan mai kuɗi yana rubuta wa mahaifinsa wasiƙa, magana ta ƙare. Fry kuwa bashi ya riƙa ci. Jama'a na cika fili don su kalle shi, jaridu na sayuwa da sunansa, jami'a na alfahari da shi, amma ƙa'ida ta hana shi karɓar ladan guminsa, domin ranar da ya karɓa ya faɗo daga sahun da yake ciki. A zangonsa na ƙarshe a 1895, bashi ya yi masa katutu, mahaifiyarsa na kwance ba lafiya, sai ƙwaƙwalwarsa ta gaza ɗaukar nauyin. Ya rubuta jarrabawa ba tare da ya yi karatun kirki ba, ya fita da digiri mai daraja ta huɗu, wato mafi ƙasa. Wannan ne abin da ya fi ci mini rai a labarin. Yaron da ya shigo da ƙarfin karatunsa ya fita a ƙarshen layi, kuma masu ba da labarinsa sukan tsallake wannan shafin su koma kan tsallensa da gudunsa.

Masu kare tsohon tsarin suna da abin faɗa, kuma bai kamata a toshe kunne ba. Suna cewa wanda ba ya jiran albashi ba ya da dalilin yin maguɗi. Suna kawo misalin ƙungiyar Corinthian, wadda aka kafa a 1882, wadda Fry ya buga wa ƙwallo. Da aka shigo da bugun fenareti a 1891, 'yan ƙungiyar sun ɗauki abin cin fuska ne, domin a wurinsu mutumin kirki ba ya taɗe abokin karawa da gangan. An san su da barin raga a buɗe idan an ba da fenareti a kansu, ko su buga ta waje idan su aka ba wa. Ba kuma 'yan wasan banza ba ne: a 1904 sun lallasa Manchester United da ci 11 da 3, kuma daga sunansu ne Corinthians ta Brazil ta samo nata a 1910. Ina girmama wannan hali. Duk wanda ya ga yadda 'yan wasan yau ke zubewa ƙasa ba a taɓa su ba, zai so a dawo da ko da rabin wannan kunya.

Sai dai akwai abin da wannan hujja ke ɓoyewa. Yana da sauƙi ka bar fenareti ta wuce idan cin wasa ko rashinsa ba zai taɓa tukunyar gidanku ba. Ma'aikacin masaƙa daga Lancashire da ya rasa ladan yini don ya buga ƙwallo ba shi da wannan sukuni, shi ya sa ƙungiyoyin arewacin Ingila suka matsa har Hukumar Ƙwallon Ƙafa ta halatta biyan 'yan wasa a 1885. Sa'an nan su kansu 'yan gatan ba duka ne suka tsarkaka daga kuɗi ba. W. G. Grace, babban sunan kurket a lokacin, ba ya cikin masu albashi a takarda, amma ta hanyar kuɗin tafiya da gudunmawar magoya baya ya samu abin da mafi yawan masu albashi ba su taɓa gani ba. A 1895 kaɗai an tara masa fam dubu tara da wani abu. A shekarar da aka tara wa Grace wannan kuɗi Fry ya faɗi ƙarƙashin bashi. Tsarin ya san yadda zai rufa wa babba asiri, bai tanadi komai ba ga ɗalibi.

Fry ya farfaɗo, kuma abin da ya yi bayan jami'a abin mamaki ne. Ya buga wa Ingila ƙwallon ƙafa a 1901, a matsayin ɗan baya. A shekarar kuma ya ci maki ɗari ko fiye a bugu shida a jere a kurket. A 1902 ya buga wasan ƙarshe na Kofin FA da rigar Southampton, Sheffield United ta doke su a karawa ta biyu, bayan an tashi kunnen doki a ta farko. A 1912 ya jagoranci Ingila a kurket ba a ci su ko sau ɗaya ba. Amma da me yake ci? Ya ɗan koyar a makarantar Charterhouse, sa'an nan ya koma rubuta wa jaridu sharhin wasanni, har ya buɗe mujallarsa a 1904. Kenan wasan ne dai ke ciyar da shi, ta ƙofar baya, saboda an kulle masa ta gaba.

Wannan al'ada ta taɓa mu ma. Daga irin waɗannan jami'o'i Birtaniya ta riƙa ɗebo jami'an mulkin mallaka, kuma a Sudan musamman an san yadda ake fifita waɗanda suka yi fice a wasa. Su suka kawo kurket da fives, wasan buga ƙwallo da hannu a jikin bango, makarantun Arewacin Najeriya irin su Kwalejin Katsina, inda Sardauna Ahmadu Bello ya ƙware a fives. Tare da wasannin suka kawo tunanin cewa fili yana gina halin shugabanci. Akwai gaskiya a ciki, amma waɗanda suka yi imani da wannan su ne kuma suka ɗauki shekara da shekaru kafin su yarda ɗan talaka ya ja ragamar ƙungiyar ƙasarsu: sai a 1952 aka naɗa Len Hutton, mai karɓar albashi, kyaftin ɗin Ingila a kurket.

Ciwon ƙwaƙwalwar da ya fara kama Fry a Oxford ya dawo masa da ƙarfi a ƙarshen shekarun 1920, ya ɓace daga idon jama'a na wasu shekaru. Ya rasu a Landan a 1956. Shekara shida bayan nan hukumomin kurket suka soke bambancin 'yan gata da masu albashi gaba ɗaya, ƙwallon ƙafa kuma ta bi sahu a 1974.