Ian Wane, Kawu?

Kawuna ya yi karatun injiniya a Ingila farkon shekarun 1970, kuma bayan takardar shaida, babban abin da ya dawo da shi shi ne son Deep Purple, wata ƙungiyar makaɗan rock ta Ingila. Zafin ɗakin ajiya ya lanƙwashe faya-fayan garmahonsa, sai ya miƙo mini memori da 'yar rediyonsa, ya ce in zuba masa waƙoƙinsu. Na ce ai kafin shayinsa ya huce na gama.

Na ɗauko daga tushe, 1968, shekarar da aka kafa ƙungiyar, na kunna masa Hush, wadda ta kai lamba 4 a Amurka. Ya karkata kunne, ya ce, "Wane ne wannan mai sanyin murya kamar ango gaban surukai?" Na ce Rod Evans ne. Ya ce bai san shi ba. Yana da hujja, domin a 1969 Ritchie Blackmore mai jita, da Jon Lord mai ogan, da Ian Paice mai ganguna suka sallami Evans da Nick Simper mai jitar bes, suka ɗauko mawaƙi Ian Gillan da Roger Glover mai bes daga ƙungiyar Episode Six saboda suna son kiɗan ya ƙara nauyi.

Na tsallaka zuwa Burn na 1974. Kawu ya ajiye kofi. "Yanzu kuma su biyu ne?" Ƙwarai kuwa: Gillan da Glover sun bar ƙungiyar a 1973, aka kawo David Coverdale, wanda a lokacin yaron shagon tufafi ne, da Glenn Hughes mai bes wanda shi ma ba ya barin makirfo ya huta. Come Taste the Band na 1975 kuwa ko minti bai yi ba aka ce in kashe, don Blackmore ya tafi ya kafa Rainbow, Ba'amurke Tommy Bolin ke riƙe da jita. A 1976 ƙungiyar ta watse, Bolin ya rasu a Disambar shekarar.

Sai Kawu ya kafa doka: "Ɗana, duk wanda babu Ian a ciki, goge shi." Na zauna na bi faifai ɗaya bayan ɗaya, na dawo masa da memori ko waƙa guda ban taɓa ba. Tun 1968 har yau, mutum ɗaya ne bai taɓa fita daga Deep Purple ba, sunansa Ian Paice. Na yi masa wannan bayani cikin ladabi. Ya dube ni ta saman tabarau ya ce, "Ian mai ihu nake nufi, ba mai duka ba."

To, shi mai ihun, wato Gillan, shigarsa uku: 1969 zuwa 1973, sai 1984 da suka sake haɗuwa suka yi Perfect Strangers, aka kore shi a 1989 aka sa Joe Lynn Turner, ya komo a 1992. Na tace, na kunna Purpendicular na 1996. Murya ta yi daidai, Kawu har ya fara kaɗa ƙafa, jita na shigowa ya daskare. Steve Morse ne. Blackmore ya yi fushi ya fice ana tsakiyar rangadi a Nuwamban 1993, Joe Satriani ya riƙe musu na ɗan lokaci, Morse ya zauna daga 1994 har 2022, Simon McBride ya gaje shi. Ashe abin da Kawu ke nema shi ne Gillan da Blackmore a faifai ɗaya, mutum biyun da zamansu ya fi na kishiyoyi zafi. Masoya na kiran wannan zubi Mark II, kuma faya-fayansu na situdiyo bakwai ne: In Rock, Fireball, Machine Head, Who Do We Think We Are, Perfect Strangers, The House of Blue Light da The Battle Rages On. Na ƙara masa Made in Japan na 1972, na kan dandamali.

Saura rediyo. Irin waɗannan ƙananan ba ruwansu da sunan folda, yadda waƙa ta shiga memori haka suke jero ta, shi ya sa 1993 ke faɗowa tsakiyar 1970. Maganinsa a wanke memorin a tsarin ajiyar fayil na FAT32, a sa shekara gaban kowane suna, a tura folda ɗaya, a jira ta gama, sannan ta gaba. Na yi haka. Aka kunna In Rock, lasifika ta hau kakari, Kawu ya ce na fasa masa rediyo. Lafiyarta lau: Lord ta cikin amfilifayar Marshall ta masu jita yake bi da ogan ɗinsa na Hammond, gurnanin da gangan ne.

Da aka zo Smoke on the Water ya ba ni labarin gobarar da waƙar ke magana a kai, ta gidan cacan garin Montreux na Switzerland a Disambar 1971, kamar shi ya kira 'yan kwana-kwana. Ina tattara wayoyina zan sulale, ya zaro wani memorin daga aljihun jamfa.

"Wannan na Black Sabbath ne. Su ai ba su da wannan rikicin."

Ban gaya masa Gillan ne ya rera faifansu na 1983 ba. Na ce in sha Allahu bayan Sallah.