Anna Magnani: dandamalin Roma ne ya gina ta

Duk mai ba da tarihin Anna Magnani da Oscar yake farawa, wai ita ce 'yar Italiya ta farko da ta ci kyautar gwarzuwar jaruma a Amurka, a 1956. Haka ne, ban musa ba. Amma a ganina masu farawa daga nan sun bar inda zancen yake. Lokacin da Hollywood ta farga da matar nan ta doshi shekara 50, ta kuma riga ta gama zama abin da ta zama.

A Roma aka haife ta a 1908. Mahaifiyarta ta tafi Masar ta bar ta hannun kaka, uba kuwa ba ta tashi da shi ba. Ta shiga makarantar koyon wasan kwaikwayo, amma ainihin karatunta a gidajen rawa da ƙananan dandamali ta yi shi, tana waƙa, tana barkwanci, tana bin ƙungiyoyin wasa gari-gari. A shekarun yaƙin duniya na biyu tare da Totò take fitowa, mashahurin ɗan barkwancin nan na Napoli. Ku dubi irin 'yan kallon da ke gabanta: mutanen da yunwa da tsoro suka gallaba, waɗanda in wasanka bai yi musu ba a take za ka ji daga bakinsu. Babu darakta da zai ce a tsaya a sake ɗauka. Wanda ya yi shekaru yana riƙe hankalin irin wannan taro, kyamara ba za ta razana shi ba.

Shi ya sa da darakta Roberto Rossellini ya kira ta fim ɗin Roma città aperta a 1945, a shirye ta zo. Ai ba a fafe gora ranar tafiya. Sojojin Jamus ba su fi 'yan watanni da barin birnin ba, kuɗi babu, kayan ɗaukar ma da kyar ake harhaɗa su. Ta fito a matsayin Pina, talaka mai juna biyu da ke shirin aure. Sojoji suka jefa angon a mota, ta ɓalle daga hannun masu riƙe ta, ta bi motar da gudu tana ƙwalla kiran sunansa, aka harbe ta a tsakiyar titi, ɗanta na kallo. Ba ƙirƙira ba ce zalla: a watan Maris na 1944 wani sojan Jamus ya harbe wata mata, Teresa Gullace, a kusa da inda aka tsare mijinta. Mutanen Roma sun san labarin, da Magnani ta saka ƙarya ko kaɗan a gudun nan da sun gane.

Kuma fa ba kyakkyawa ba ce irin wadda masu fim ke nema. Gashi a hargitse, ƙarƙashin ido ya yi baƙi, murya a dushe, ga dariya mai cika ɗaki. Yaren unguwannin Roma take yi, na 'yan kasuwa da matan tsakar gida. Nannarella suke kiranta, sunan da ake yi wa 'yar gida.

Batun soyayyarta da Rossellini, wanda ya bar ta ya koma wa jarumar fim Ingrid Bergman, jaridu sun cinye shi tun tuni, ba zan tsaya a kai ba. Abin da ya fi ba ni sha'awa shi ne yadda ta yi da Tennessee Williams. Marubucin nan na Amurka ya rubuta wasan kwaikwayon The Rose Tattoo domin ta, ta ce ba za ta hau dandamalin New York ba saboda Turancinta bai kai ba. Wasu za su ce tsoro ne. Ni na ce sanin sana'a ne: ta san a kan dandamali harshe ne makami, ba ta yarda ta tsaya gaban jama'a da na aro ba. Sai da aka mayar da shi fim a 1955, inda ake ɗauka gutsi-gutsi, ta amince. Da shi ta ci Oscar ɗin, bikin ma ba ta je ba.

To me kyautar ta ƙara mata? Finafinai kaɗan a Amurka, ɗaya tare da jarumi Marlon Brando, duka dai mace mai zafin rai, mai kuka da ihu. A gida kuma aiki ya ja baya. In ka cire Mamma Roma na darakta Pasolini a 1962, da wuya ka nuna wani babban fim da aka ba ta a shekarun nan. Ga ɗanta tilo, Luca, da shan inna ta kama tun yana ƙarami, ɗawainiyarsa na wuyanta.

Sai ta koma inda ta fito. A 1965 darakta Franco Zeffirelli ya ɗora ta a wasan La lupa, ta zagaya da shi biranen Turai, har Mosko. Fitowarta ta ƙarshe a fim a 1972 ne, wurin darakta Fellini, inda ta fito a matsayin kanta na ɗan lokaci kaɗan. Sankara ce ta yi ajalinta a Roma a watan Satumba na 1973, tana da shekara 65.