Sai mun makance za a saurare mu?

Wai ni kam a garin nan sai mutum ya fara lalube sannan za a ɗauki ciwon idonsa da muhimmanci? In ido ya kama talaka a Legas, ko dai ya shiga layin asibitin gwamnati ya tsufa a ciki, ko ya faɗa hannun masu kasa tabarau a faranti a bakin tasha. Asibitin kuɗi kuwa, kuɗin kati kaɗai ya isa ya koro ka.

Kawuna albasa yake sayarwa a kasuwar Mile 12. Ya daɗe yana cewa gefe-gefen ganinsa na rufewa, yana tuntuɓe da buhu, yana karo da 'yan dako. Yaron shagonsa ya raka shi wani babban asibiti tun kafin asuba, suka karɓi lamba, suka yini a benci. Da layi ya zo kansu aka auna, aka ce hawan jinin ido ne, gilakoma, aka rubuta maganin ɗigawa, aka ba su ranar dawowa watanni a gaba. Duk da Turanci, ana yi ana kallon agogo. Ba wanda ya gaya wa dattijon nan cewa wannan ciwo ba ya warkewa, tare shi kawai ake yi. Ruwan cikin ido ne ke kasa fita yadda ya kamata, matsi ya ƙaru, ya riƙa cin jijiyar gani a ɓoye, galibi ba zafi ba raɗaɗi, kuma abin da ya tafi ba ya dawowa. Ɗigon nan na kullum ne, har iyakar rai. Shi kuwa ya ɗauka irin na Apolo ne. Kwalba ta ƙare, ya ce alhamdulillahi, ya koma kasuwa.

Da na tambaye shi, cewa ya yi: "To ɗana, ai ban ji an ce in ƙara saye ba." Laifin wa ke nan? Hausawa cike da Agege, Idi-Araba, Obalende da Alaba Rago, a ce tafinta ɗaya ya gagara a sashen ido? Haba!

Ko da an yi bayanin ma, ina kuɗin? Tun da naira ta faɗi a 2023, 'yar kwalbar latanoprost, ɗigon gilakoma, da ba ta kai ɗan yatsa ba ta zama abin sai an yi shawara da aljihu, kuma duk wata sai an sake. Har an ce a ajiye ta a firji kafin a buɗe. A ɗakin haya, da wutar da sai ta ga dama!

Shi ya sa mutane ke komawa kemis. Ka ce idonka ya yi ja, yaro ya miƙo maka ɗigo mai dexamethasone ba takardar likita. Jan ya washe, ka yi ta godiya, alhali yawan ɗiga irinsa na ɗaga matsin ido, yana kuma kawo yanar ido. Wa ke sa ido a kan waɗannan shaguna?

Kuma ba a ce hukuma ba ta sani ba. Binciken makanta na ƙasa da aka yi daga 2005 zuwa 2007 ya nuna kashi 4.2 cikin ɗari na masu shekara 40 zuwa sama makafi ne. Yanar ido ce kan gaba, gilakoma na bi mata, kuma kusan kashi 84 na makantar nan ana iya kauce mata. Rabon tabarau kyauta, irin Jigi Bola na lokacin da Tinubu ke gwamna, ba laifi, ya taimaki masu karatu da teloli. Amma tabarau ba ya sauke matsin ido. Su ma shugabannin kasuwanninmu da ke karɓar kuɗin ƙungiya, me zai hana su ɗauko likita ya auna mutane ko sau ɗaya a shekara?

Idon Kawu na hagu ya riga ya tafi. Ciwon kuma yana bin jini, don haka 'ya'yansa ma sai an auna su, a wannan layin dai. Yanzu karo-karo muke yi a sa shi a mota zuwa Kano, inda aƙalla zai ji abin da likita ke cewa. Daga Legas fa, garin da ke da asibitin koyarwa na tarayya da na jiha.